Sharhi kan kaskon wok na baƙin ƙarfe: suyar naman shanu da kayan lambu

Kaskon wok (kaskon suya mai zurfi irin na Sinawa) na baƙin ƙarfe, mai faɗin santimita 35 da shimfiɗaɗɗen gindi, ya ci kuɗinsa idan murhun gas mai ƙarfin wuta ake da shi. A kan risho kuwa bai fi kaskon suyar ƙwai da komai ba. Hukuncina ke nan bayan amfani da shi a suyar nama da kayan lambu irin ta Sinawa, wadda ba ta kai minti 10 a kan wuta.

Sabonsa yana zuwa da man masana'anta a jiki. Sai an dirje shi da sabulu da soson ƙarfe, a ɗora shi a wuta har launinsa ya koma shuɗi-shuɗi, sannan a shafe shi da man gyaɗa kaɗan a ƙona har hayaƙi ya lafa. A yi haka sau biyu ko uku. Wanda ya tsallake wannan, namansa zai manne.

Rabin aikin ma tun kafin a kunna wuta ake yin sa. A samu rabin kilo na tsoka marar jijiya, a sa a firiza minti 25 ya ɗan daskare, a yanka shi a gicciye da zaren naman, kaurin milimita 3 zuwa 4. Idan aka bi tsawon zaren, tauna ba za ta ƙare ba. A cakuɗa shi da babban cokali ɗaya na soya sos, ɗaya na kwanfulawa, ɗaya na mai, da kwatan ƙaramin cokali na bekin soda, a bar shi minti 20. Sodar ce ke tausasa naman shanun kiwo, amma in ta yi yawa ɗanɗanon sabulu take bari.

A nan kaskon ke nuna kansa. Ƙarfensa siriri ne, yana ɗaukar zafi nan take. Da ya fara hayaƙi a zuba mai cokali biyu, a baza rabin naman kawai, a ƙyale shi minti ɗaya ba juyi, sannan a juya a kwashe, a maimaita da sauran rabin. Idan aka zuba rabin kilon gaba ɗaya zafi zai faɗi, nama ya tsatso ruwa, suya ta koma dahuwa. Gindin ne kaɗai ke da zafi sosai, gefen kaskon wurin ture abin da ya soyu ne.

Karas da koren wake su fara shiga, minti biyu. Albasa da koren tattasai da kabeji, minti ɗaya. Tafarnuwa da citta da attarugu a ƙarshe, daƙiƙa 20, don tafarnuwa na saurin ƙonewa ta yi ɗaci. A mayar da nama, a zuba soya sos cokali biyu da ruwa cokali huɗu da aka dama da ƙaramin cokali na kwanfulawa, a juya har romon ya yi kauri. Kada a sa gishiri ko magi sai an ɗanɗana.

Aibinsa: yana tsatsa idan aka bar shi da danshi, don haka bayan wanki a busar da shi a wuta a shafa mai. Miyar tumatir tana cinye baƙin rufin man da aka sha wahalar ƙonawa a jikinsa. Hayaƙi kuma akwai shi, sai an buɗe taga. Mariƙin katakon yana sassautawa, a riƙa ɗaure kusarsa. Abincin mutum uku zuwa huɗu yake ɗauka, babban gida sai an yi zubi uku ko fiye.