Saitin gilashin tatsa na shagunan Jidda: yadda ya kaya a gwajin cire ruwa daga alkohol

A shagunan kayan ɗakin gwaji na Jidda, da na intanet masu kawo saƙo har ƙofa, akwai wani saitin gilashin tatsa, wato raba sinadarai ta hanyar tafasa su a kama tururinsu, da ke zuwa cikin akwatin roba mai soso. Babu sunan kamfani a jikinsa, sai dai tambarin Boro 3.3 a wuyan kowane tulu, alamar gilashin borosiliket ne mai jure zafi. Ɗalibanmu masu karatun kimiyyar sinadarai a Jidda da Makka, da malaman da aka ɗora wa nauyin haɗa ƙaramin ɗakin gwaji a makaranta, suna yawan tambaya ko ya cancanci kuɗinsa. Amsar a taƙaice: gilashin kansa ba laifi, amma abubuwa biyu a cikin akwatin ba a yi su don zafin ƙasar nan ba, kuma su ne ke cinye wa ɗalibi sakamako.

Abin da ke ciki: tuluna uku masu zagayayyen gindi (mililita 25, 50 da 100), kan tatsa mai reshe, guntun bututun Vigreux mai tace tururi kafin ya kai sama, kwandensa irin ta Liebig mai sanyaya tururi ya koma ruwa, gwiwar da ke zuba ruwa a kwalbar tari, mazurarin rabewa na mililita 125, mariƙin ma'aunin zafi, da maƙalan roba. Duk bakunan 19/26 ne, wato faɗi da tsawonsu a milimita. Babu murhu, babu ma'aunin zafin kansa, babu sinadari ko ɗaya.

Gwajin da ya fi tona asirin irin wannan saiti shi ne mayar da saikloheksanol zuwa saikloheksin, abin da littattafan Larabci ke kira naz'ul ma', wato cire ruwa. Ga wanda kalmar alkohol ta sa ya ɗaga gira: a wannan fanni suna ne na dangin sinadarai masu ɗauke da rukunin OH, wato oksijin haɗe da haidurojin, a jikin kabon, ba giya ake nufi ba, kuma saikloheksanol ba abin sha ba ne ko kusa. Aikin shi ne a zare OH daga kabon ɗaya, a zare haidurojin daga kabon da ke maƙwabtaka da shi, su haɗu su fita a matsayin ruwa, su bar tagwayen ɗauri tsakanin kabon biyun. Abin da ya rage, mai wannan tagwayen ɗauri, shi ake kira alkin, a nan saikloheksin.

OH ba ya yarda ya fita haka kawai, shi ya sa ake zuba asid. Asid ɗin yana miƙa wa oksijin ɗin OH furoton, wato haidurojin mai caji, rukunin ya koma ruwa, ruwan ya ɓalle ya bar kabokatayon, wato kabon mai caji da ke neman cikon ɗauri, sannan wani ƙwayar ruwa ko ragowar asid ta fizge haidurojin na gefe. Wannan hanya ce ake kira E1. Duk matakan nan suna iya juyawa baya, don alkin da ya zauna cikin ruwan asid mai zafi alkohol zai sake komawa. Dabarar kawai ita ce a riƙa kwashe alkin ɗin da zarar ya samu. Saikloheksanol yana tafasa a digiri 161, saikloheksin a digiri 83, saboda haka na biyun ne ke fara tashi. Ke nan ingancin kan tatsa da kwandensa shi ne ingancin gwajin baki ɗaya.

Ma'aunin da ya dace da tulun mililita 50 shi ne saikloheksanol giram 9.6, kusan mililita 10, da asid na fosforik mai ƙarfin kashi 85 cikin ɗari mililita 2.5 zuwa 3, da 'yan tsakuwan tafasa biyu ko uku. A auna alkohol ɗin a sikeli, kada a dogara da silinda, domin yana da kauri, yana manne wa gilashi. Wani abu da ke rikita sababbin ɗalibai a nan: saikloheksanol yana daskarewa a wajen digiri 25, don haka a ɗakin da na'urar sanyaya iska ke aiki dare da rana sai a tarar da shi ya kafe a kwalba kamar kakide. Bai lalace ba. A tsoma gindin kwalbar a ruwa mai ɗumi na 'yan mintoci, zai narke. Asid na salfurik ma yana yin aikin, har ya fi sauri, amma yana babbaka alkohol ɗin ya bar baƙin kwalta a gindin tulu, ga hayaƙin salfa mai shaƙe maƙogwaro. Da wannan saiti mai siraran wuya, wanke kwaltar nan wahala ce da ba ta da dalili.

Tulunan sun yi kyau. Kaurin gilashin daidai yake ko'ina, babu kumfar iska a gindi, bakunan kuma suna zama daram ba sa girgiɗi. Bututun Vigreux ɗin gajere ne, amma ga wannan aiki ya wadatar, tunda tazarar da ke tsakanin 83 da 161 mai faɗi ce. Sai dai a naɗe shi da takardar alminiyam, in ba haka ba iskar sanyin ɗaki za ta sa tururin ya riƙa komawa ƙasa, ɗalibi ya ƙara wuta don haushi, alkohol ɗin da bai juya ba ya biyo.

Matsala ta farko mariƙin ma'aunin zafi ne. Hular roba ce mai taushi wadda ba ta kama sandar da kyau. Illarta biyu. Ma'aunin yana zamewa, alhali wurin zamansa ƙayyadadde ne: saman kwan ma'aunin ya yi daidai da ƙasan bakin reshen da ke tafiya kwandensa. Idan ya yi sama, zai nuna zafi ƙasa da gaskiya. Idan ya nutse, zai nuna fiye. A wannan gwaji ana so kan tatsa ya tsaya tsakanin digiri 70 da 90. Yana farawa ƙasa da 83 saboda saikloheksin da ruwa suna tashi tare a wajen digiri 71, kuma ba a so ya doshi 98, inda saikloheksanol da ruwa su ma ke tashi tare. Ma'aunin da ya goce da santimita ɗaya ya isa ya ɓatar da mutum. Illa ta biyu, tururi yana tsiyaya ta gefen hular. Warin saikloheksin ba ya ɓuya, mai kaifi ne kamar na fetur da ya lalace, kuma yana kama wuta ko da a sanyi yake. A sayi mariƙi mai murfin zare da zoben roba a ciki, a ajiye wannan hular.

Matsala ta biyu ita ce babba. Kwandensar gajera ce, an yi ta ne bisa zaton ruwan famfo mai sanyi ne. Duk wanda ya buɗe famfo a Jidda da azahar a watan Yuli ya san ba haka ba ne, musamman a ginin da tankinsa ke kan rufi. Ruwa mai ɗumi a cikin gajeruwar kwandensa ba ya kama tururin duka. Sai a ga tulun yana raguwa, kwalbar tari ba ta cika, ɗakin kuwa ya gauraye da wari. Maganin ba tsada: bokiti, ƙanƙara, da ƙaramin famfon tankin kifi mai zagaya ruwa. Ruwan ya shiga ta ƙasan kwandensa ya fita ta sama, kada a juya. Ita ma kwalbar tari a zaunar da ita cikin kwanon ƙanƙara tun kafin a kunna wuta. Kuma a rage gaggawa: ɗigo ɗaya a kowane daƙiƙa ɗaya zuwa biyu. Da waɗannan uku kwandensar tana yin aikinta. Ba tare da su ba, ko da kan tatsa bai wuce 85 ba, asara ake yi.

A kashe wuta idan saura kamar mililita 3 ko 4 a tulu, ko aka ga farin hayaƙi ya fara tashi, ko zafin kan tatsa ya faɗi duk da murhu na ci. Ba a bari tulu ya ƙafe ƙaf.

Abin da aka tara zai zo da gurɓi, hawa biyu. Na sama shi ne saikloheksin, don nauyinsa giram 0.81 ne a kowane mililita, ruwa na ƙasa. A nan mazurarin rabewa ya yi wa aikin girma. Zuba mililita 10 a mazurarin 125 kamar wanke cokali ne a kwatarniya, wani kaso yana tafiya a jikin bango. Na mililita 50 ya fi dacewa. Famfonsa na Teflon dai ba ya ɗiga, wannan a yaba musu. A wanke da ruwan gishiri mai kauri mililita 5, sannan da ruwan sodiyam kabonet mai kashi 10 cikin ɗari don kashe ɗan asid ɗin da ya biyo. A riƙa kifa mazurarin ana buɗe famfo bayan kowace girgiza, saboda iskar kabon dayoksaid tana taruwa ta tunkuɗe murfi. Daga nan a zuba na saman a busasshiyar kwalba da kalsiyam kilorayid kamar giram 1, a rufe, a bar shi minti 15 har ruwan ya washe garau. Da laimar Jidda, kwalbar kalsiyam kilorayid da aka bari a buɗe rabin sa'a ta riga ta fara shan ruwan iska, ƙarfin busarwarta ya ragu.

Tatsa ta biyu ana yin ta ne a tulun mililita 25, ba Vigreux, a tari abin da ya fito tsakanin digiri 80 da 85. Kwandensa ɗaya ce a akwatin, kuma jiƙaƙƙiya ce daga zagayen farko, don haka sai an ɗauraye ta da asiton an busar sarai. Wanda ya yi kasala zai ga ruwansa ya sake gurɓacewa. A lissafi, giram 9.6 na alkohol mol 0.096 ne (mol ma'aunin yawan ƙwayoyin sinadari ne), iyakar abin da zai iya bayarwa giram 7.9. Wanda ya samu giram 5 ya samu kashi 63 cikin ɗari. Tabbatarwa kuwa ɗigo kaɗan take ci: ruwan buromin mai ja-ja yana rasa launinsa nan take, ruwan famanganet mai shuɗi-ja yana komawa ƙasa-ƙasa da laka a gindi.

Akwai abin da kada a sa rai saitin zai yi. Ba zai raba alkin biyu masu kusancin tafasa ba. Idan aka ɗauki 2-metilsaikloheksanol don nuna ƙa'idar Zaitsev, masanin nan na Kazan a Rasha da ya bayyana ta a 1875, cewa alkin mai yawan rassa a jikin tagwayen ɗauri shi ke rinjaye, za a samu 1-metilsaikloheksin mai tafasa a 110 da 3-metilsaikloheksin mai tafasa a 104. Tazarar digiri 6 ta fi ƙarfin wannan guntun Vigreux, sai na'urar kiromatogirafi ta gas. Haka kuma bai dace da etanol ba. Shi alkohol ne na matakin farko, wato OH ɗinsa na kan kabon da ke haɗe da kabon ɗaya kacal, mai taurin kai, sai asid na salfurik mai kauri da zafin digiri 170 zuwa 180, in zafin ya tsaya a 140 kuwa ba alkin za a samu ba, sinadarin diethyl ether ne zai fito. Alkin ɗin da etanol ke bayarwa, etin ko etilin, kuma gas ne, babu kwandensar ruwa da za ta kama shi. Ko masana'antun Jubail da Yanbu ba ta wannan hanya suke samun etilin ba, fasa gas ɗin etan suke yi. Burazil mai arzikin rake ce ta kafa masana'antar cire ruwa daga etanol.

Murhun da za a haɗa da shi ya zama na lantarki mai kwarmi daidai gindin tulun 50, mai makunnin rage zafi, kuma a duba jikinsa ya dace da wutar 220 zuwa 230 ta ƙasar nan kafin a jona. Harshen wuta ba shi da wuri kusa da saikloheksin, aikin kuma na cikin akwatin zuƙe hayaƙi ne, ba na ɗakin kwana ko kicin ba. Maƙalan roba suna da amfani a gwiwa da bakin kwandensa, amma kada a sa ɗaya a wuyan tulun da ke kan wuta, zai yi laushi ya saki. Nan wurin maɗaurin ƙarfe ne.

Bayan an gama, a zare bakunan tun da sauran ɗumi, domin asid na fosforik da ya bushe a tsakaninsu yana liƙe su har sai an fasa ɗaya. Ragowar tulu a bar ta ta huce, a tsiyaye ta a hankali cikin ruwa mai yawa, ba ruwa a kanta ba. Saikloheksin da aka samu kuma kada ya kwana watanni a kwalba mai iska a sama, yana tara feroksaid, sinadari mai haɗarin fashewa. A rubuta kwanan wata a jiki, a miƙa shi ga mai kula da sharar sinadarai.