KESS V2 da fayilolin kyauta na ƙara wa mota ƙarfi: ra'ayina

Gaskiya na'urar nan KESS V2 tana aiki, amma ba ita ce abin tsoro ba, fayil ɗin da zaka zuba wa kwamfutar mota da ita shine. Kamfanin Alientech na Italiya ne ya ƙirƙiro ta, saidai yawancin waɗanda ke hannun makanikanmu kwafi ne, nima irinta gareni. Kana jona ta a soket ɗin OBD mai ƙafa 16 da ke ƙasan sitiyari sai ta karanto abinda ke cikin kwamfutar mota, wato biren bos, ba sai ka kwance komai ba. A Golf 4 mai injin 1.8T ta karanta min lafiya lau ta kuma rubuta. Ta kwafin dai kar ka bari laftof ya hau intanet tana jone, zata iya kullewa shikenan kuɗinka ya tafi.

Abinda ya ɓata min rai shine faifan da mai shagon ya haɗo min dashi wai kyauta, fayiloli birjik an rubuta "stage 1" kawai, wato matakin farko na ƙara wa inji ƙarfi, babu lambar komai, ba'a san wa ya yi ba ba'a san a wace mota aka ciro ba. Malam, Golf biyu shekara ɗaya kala ɗaya zasu iya samun manhaja daban. Dole ka duba lambar Bosch, kamfanin da ya ƙera shi, a jikin biren bos ɗin, na fetur da 0261 take farawa na dizal kuma 0281, sannan ga lambar manhaja ita ma sai ta zo ɗaya sak, in ba haka ba ka rabu dashi ko da wa ya turo maka a WhatsApp.

Sai maganar mai, nan ne mutane basa kula wallahi. Fayil da aka yi a Jamus dan fetur mai oktan 98 (oktan shine ma'aunin yadda fetur ke jure ƙwanƙwasar inji), ka kawo shi Kano a watan Afrilu zafi ya haura digiri 40 ga fetur ɗinmu bai kai nasu ba, inji zai riƙa ƙwanƙwasa kai kana ta murna mota ta ƙara gudu, kwana kaɗan fistin ya narke.

Kafin ka rubuta komai ka fara ciro fayil na asali ka ajiye a wuri biyu, ka tabbatar an gyara lissafin checksum, wato lambar da biren bos ke tantance fayil da ita, dan in bai dace ba mota ko tashi bazata yi ba, ka jona batir da caja, laftof ma ya zama cike saboda in wuta ta ɗauke ana tsaka da rubutawa sai an buɗe biren bos da KTAG, na'urar da ake jonawa kai tsaye a cikinsa, ko ka tafi Ƙofar Ruwa, kasuwar kayan mota ta Kano, neman wani.

Na'urar na ba ta maki huɗu cikin biyar. Faifan kyautar kuwa ban zuba ko ɗaya daga ciki ba, gara na tura fayil ɗin motata ga wanda ya iya WinOLS, manhajar gyara irin waɗannan fayilolin, na biya shi ya gyara daidai da man da muke sha.