Damana biyu da manna plako a bangon falona

Shafen simintin falonmu na unguwar Zariya duk ya tsattsage, fenti kuma kullum ɓamɓarewa yake. Ƙanen matata ne ya kawo shawarar plako, wai ya gani a wani ofis a Yamai. Na yi jim, don ni a silin kawai na san ana sa shi.

Plako dai allo ne na farar filasta da aka matse tsakanin kwali biyu. Wanda muka saya shi ake kira BA13: kauri milimita 12 da rabi, faɗi mita 1.20, tsawo mita 2.50. A irin aikin da aka yi mana, ba a kafa ƙarfe ko katako. Garin manni ake kwaɓawa, a ɗiɗɗiga shi curi-curi a bayan allon, tazarar santimita 30 zuwa 40, a tayar a danna wa bango, a bubbuga da doguwar rula har ya miƙe. Falon mita 4 ne a kan 5, amma bangonmu ya kusa mita 3, sai da aka yi ƙari daga sama. Allo 17 ya ci. Kafin nan yara biyu sun wuni suna kankare tsohon fenti, don manni ba ya kama fentin mai.

Maganar kyau kam ba gardama. Kwana 4 aka gama, har da liƙa tef a mahaɗa da shafe ta da gogewa. Bango ya fito sumul kamar ƙwai, wayoyin lantarki duk suka ɓuya a baya. Surukata da ta shigo cewa ta yi, "Malam, sabon ɗaki ka gina ba ka faɗa mana ba?" Ƙurar gogewar nan fa, a bar ta kawai, mako guda muna share fari a cikin kwanuka.

Inda na yi kuskure shi ne bangon gabas, wanda ruwa ke duka idan hadari ya taso. Tun da can gindinsa yana jiƙa a watan Agusta, har wani farin gishiri yake fitarwa. Na nuna wa mai aikin, ya ce, "Alhaji, ba komai, plako zai rufe." Ya kuwa rufe, amma damshin yana nan a baya. A damana ta biyu ƙasan allo uku ya kumbura, ya yi baƙi-baƙi, yana warin ruma, in ka danna da yatsa sai ya lotsa. Da muka ɓalle, sai ga gara ta fara cin kwalin. Kuma a wannan gefen bai bar ratar santimita 1 da ake bari tsakanin allo da daɓe ba, ruwan goge ɗaki ma yana ta shiga. Akwai mai kwali kore da aka yi don wurin laima, ban sa aka kawo ba saboda tsada, ga shi na biya sau biyu.

Zafi kuwa kar wani ya ruɗe ka. A Afrilu falon yana nan yadda yake. Wanda ke rage zafi shi ne mai farin soso manne a bayansa, kuma shi yana cin fili. Talabijin ma sai da muka nemo dogayen kusoshi da suka ratsa har cikin bulo, don allon shi kaɗai ba na yarda da shi.

Sauran bango uku ko tsaga babu har yau. Na gabas kuma mun cire allunan ƙasa, mun bar shi ya sha iskar hunturu, maso, wato magini, zai gyara shafen waje da magudanar ruwa kafin a sa mai kwali kore.