Rikicin aron gona tsakanin dangi: zauren dagaci ko gaban alƙali?

Yawancin rigimar daga aro take farawa. Wa ya ba ƙanensa gona ya noma, babu takarda, aka daina kai galla, wato ɗan kason amfanin gona da mai aro ke ba mai gonar, su biyun suka rasu, sai 'ya'yan ƙanen suka ce gadonsu ce.

Dagaci ya san iyakar, ya san dattawan da suka ga ranar da aka ba da aron, kuma yakan gama magana kafin damina ta faɗi. Rauninsa shi ne sulhun baki ba ya ɗaure wanda ya ƙi. Saboda haka a rubuta, kowa ya sa hannu, maƙwabtan gonar su shaida.

Kotu kuwa hujja take nema: shaidu biyu adalai, ko ɗaya da rantsuwa. A nan maganar hauzi ke shigowa, wato haƙƙin da daɗewar riƙon abu ke ba mai riƙe da shi. A mazhabar Malikiyya, bare da ya riƙe gona shekara 10 mai ita yana gani bai yi magana ba, ƙarar mai gonar ta faɗi, amma tsakanin dangi sai wajen shekara 40. In an tabbatar aro ne ko jingina, daɗewa ba ta mayar da ita mallaka. Shi ya sa damin galla ɗaya a gaban shaidu ke da nauyi ƙwarai. Sai dai ɗage zama da ɗaukaka ƙara kan cinye damina biyu ko uku, zumunci kuma ya yi tsami.