Na je bankin mogej neman bashin gida a Sakkwato, tauraro uku na ba su

Shekara sha biyar ke nan ina aikin gwamnatin tarayya nan Sakkwato, kuma tun albashina na farko ake cire mani wani abu wai shi NHF, wato asusun gidaje na ƙasa, kashi 2.5 cikin ɗari, duk wata shina nan cikin takardar albashi kusa da fansho da haraji, ni dai ban taɓa tsayawa na tambayi ina kuɗɗin ga ke zuwa ba. Sai bana da mai gidan da nike haya a Mabera ya aiko yaronshi wai haya ta koma dubu 450, ko sallama ta kirki babu, ran nan na ce to lokaci ya yi da zan bi sawun kuɗɗina. Dama wani dillali ya daɗe shina damuna da wani gida wajen Tamaje, ɗaki biyu da falo da ɗan fili a baya, miliyan 11 da 'yan kai.

Ba zan faɗi sunan bankin ba, fayil ɗina na hannunsu har yanzu kuma kun san Sakkwato, ka yi magana da safe kafin la'asar ta kai ga mai ita. Amma ga wanda bai san yadda abin yake ba: asusun NHF doka ce ta kafa shi tun 1992, babban bankin lamunin gidaje na tarayya wato FMBN shi ke riƙe da shi, sai dai bashin sayen gida ta hannun bankin mogej mai lasisi ake bi a nema. Kuɗɗin ruwa kashi 6 cikin ɗari a shekara, ana iya ja har shekara 30, kuma sai ka yi aƙalla wata shida kana zubi. Wannan shi ne abin da kowa ke ji a bakin mutane, shi ya kai ni.

Tarba dai ba laifi wallahi. Na shiga wajen sha ɗaya da rabi, rana ta watan Afrilu irin wadda ko ɗan kabu-kabu sai ya nemi inuwa, na iske esi na aiki, maigadi ya gaishe ni, wani yaro a tebur na farko ya ba ni kujera har da ruwa mai sanyi. Nan ba ni da ƙorafi ko kaɗan. Ƙorafina ya fara ne daga inda yaron ya ɗauko kalkuleta.

Ya tambayi shekaruna na ce 40, ya ce to yallaɓai kai shekara 30 ɗin nan ba taka ba ce, tunda ma'aikaci na ritaya ne in ya kai shekara 60 ko ya cika 35 a aiki, kai saura maka 20, kuma dole bashi ya ƙare kafin albashi ya tsaya. Wannan ya yi gaskiya kuma na ji daɗi da ya faɗa tun farko. Ya ce zan kawo kashi 10 na kuɗɗin gidan daga aljihuna, su nemo mani miliyan 10. Ya danna ya danna ya juyo mani da kalkuleta: 71,643 duk wata. Ya yi murmushi ya ce "ai yallaɓai kamar haya ce, sai dai gidan naka ne." Ya miƙo fom.

Ka ga wannan maganar ta "kamar haya ce" ita ce ta hana su tauraro na huɗu. Don ba ƙarya ya yi ba a kan lambar, lambar daidai take, amma ya tsaya nan, bai ce mani komi a kan jimla ba sai da ni na karɓi kalkuletar da hannuna na buga 71,643 sau wata 240. Miliyan 17 da kusan dubu 200. Wato na ci bashin miliyan 10 zan mayar da miliyan 17 da wani abu, kuɗɗin ruwa kaɗai sun haura miliyan 7. Na ce mishi ƙanena mi ya hana ka faɗa mani wanga? Ya ce wai mutane ba su cika tambaya ba. To ai wanda bai san akwai rami ba ba ya tambayar zurfinshi. Kuma batun haya ma, 71,643 sau 12 kusan dubu 860 ke nan a shekara, ni kuwa 450 nike kuka a kanta.

Na ce ina son ganin jadawalin biyan gaba ɗaya, wata bi wata. Nan anka fara kallon juna. Ya ce sai an amince da bashin ake ba da shi, na ce ni kuma ba na sa hannu ga abin da ban gani ba, daga ƙarshe ya shiga ciki ya fito da wani dattijo mai furfura a gemu, ina jin shi ne mai kula da sashen. Wanga bawan Allah shi ya ceci bankin a idona. Ya ja kujera ya zauna kusa da ni ba bayan tebur ba, ya ce "Malam ka yi tambayar da ta dace," ya sa anka buga mani takardar, shafi shida, tawadar firinta ma ta kusa ƙarewa shafin ƙarshe sai ka ƙura ido. Ya ɗora biro a layin farko ya ce duba nan. Watan farko cikin 71,643 ɗin, dubu 50 cif kuɗɗin ruwa ne, 21,643 kawai ke taɓa uwar kuɗɗi. Dalili kuwa, kashi 6 a shekara rabin kashi ɗaya ke nan a wata, kuma ana lissafa shi ne kan abin da ya rage a kanka, to a watan farko duk miliyan 10 ɗin na kanka. Wata na biyu bashin ya ɗan ragu, ruwan ya ragu da naira ɗari da 'yan kai, haka abin ke tahiya kamar tafiyar hawainiya.

Sai ya buɗe shafi na biyu ya sauka layi na 60, wato bayan shekara biyar. Na biya kusan miliyan 4.3, amma bashin da ya rage a kaina miliyan 8 da kusan rabi ne. Miliyan ɗaya da rabi kacal ta fita daga uwar kuɗɗi. Na cire hula na aje kan gwiwa. Ya ce sai an shiga shekara ta tara kafin abin da ke zuwa ga uwar kuɗɗi ya rinjayi abin da ke zuwa ga ruwa, daga nan ne bashin ke fara gangara da sauri. Ya ƙara da cewa kada in ji haushin an hana ni shekara 30, don da an ba ni, biyan wata zai sauko 59,955 amma jimla ta haura miliyan 21 da rabi, wato sauƙin dubu 11 da wani abu a wata zai ja mani ƙarin sama da miliyan 4. In kuwa zan iya shekara 15, wata 84,386, jimla miliyan 15 da kusan dubu 200.

Abu ɗaya da ya nuna mani wanda har yau nike tunani: in na riƙa ɗora dubu 10 kan biyan kowane wata ana cire ta daga uwar kuɗɗi, bashin zai ƙare cikin wata 190 maimakon 240, fiye da shekara huɗu ta tahi, kuma kusan miliyan 1.7 ta tsira. Amma ya ce in tabbata an rubuta a yarjejeniya cewa babu tara in mutum ya biya da wuri, kada in dogara da maganar baki ko da tashi ce. Ma'aikacin banki ya faɗa maka haka, ai ka san ɗan halak ne.

Ya kuma ja mani kunne kan wani abu da ban taɓa lura ba duk da na sha cin bashin kofaretib ɗin ofis. Kashi 6 iri biyu ne. Akwai wanda ake lissafawa kan ragowar bashi, shi ne wanga, akwai kuma wanda ake ɗorawa kan kuɗɗin farko gaba ɗaya duk shekara ko ka biya rabi. Da irin na biyun ne, miliyan 10 a shekara 20 ruwanta miliyan 12 ne ba 7 ba. Suna ɗaya, lamba ɗaya, bambancin kusan miliyan 5.

Don in ƙure na tambaye shi, to in mutum ba ya cikin NHF fa, kuɗɗin bankin ne na kanshi? Ya yi dariya ya ce mu ɗauka kashi 25, don ruwan babban bankin ƙasa ma ya haura haka a 2024. Miliyan 10 a shekara 10, dubu 227 da wani abu a wata, jimla ta wuce miliyan 27. In an ja ta shekara 20 biyan wata bai sauka ƙasa da dubu 209 ba, jimla ta haura miliyan 50, a watan farko ko naira dubu biyu ba ta taɓa uwar kuɗɗi. Na ce Allah shi kiyaye, mu rufe wanga shafi.

Inda sunka sake faɗuwa shi ne kuɗɗin gefe. A takardar tallarsu mai sheƙi, hoton gida da mota da iyali suna dariya, babu ko ɗaya. Sai da na riƙa tonowa ɗaya bayan ɗaya kamar mai haƙar gyaɗa: kuɗɗin wanda zai zo ya ƙiyasta darajar gidan, kuɗɗin lauya da binciken takardu a ma'aikatar filaye, kuɗɗin hatimi da rajista, amincewar gwamna da dokar filaye ta 1978 ta wajabta kafin a jinginar da fili, inshorar gobara da ta rai duk shekara, da nasu cajin na sarrafa fayil, ga takardar shaidar biyan haraji ta shekara uku. Waɗanda sunka iya ba ni adadinsu kaɗai da na tara sun haura dubu 500, ban da miliyan ɗaya da wani abu da zan kawo tun farko, kuma wasu ko ba a ba ka bashin ba sun tahi ke nan. Na roƙi a rubuto mani su a takarda guda, anka ce gobe, goben nan ta ɗauki kwana tara da kira huɗu, layinsu na ofis kuma ba a ɗauka sai ka samu lambar wani a ciki.

Sai babbar magana, C of O, wato takardar shaidar mallakar fili ta gwamnati. Ba sa karɓar takardar ciniki ta mai unguwa da shaidu, irin wadda akasarin gidajenmu ke da ita. Dillali ya rantse mani gidan na da takardu, da na matsa sai ga takardar ciniki da hoton wata takardar rabon fili da ba ta ko karantuwa. Wannan ba laifin banki ba ne, amma da yaron farko ya tambaye ni tun kafin ya miƙo fom da ban sayi fom ɗin ba tukuna.

Na san abin da da yawanku ke jira in taɓa, kuma ni ma shi ya fi tsaya mani a rai fiye da duk lissafin ga. Da na kai wa mahaifina takardar bai ko buɗe ta ba, ya ce da ruwa ko babu? Na ce Baba kashi 6 ne kawai, ya ce ni ban tambaye ka nawa ba. Ni ba malami ba ne, hukuncin riba a tambayi masu shi, ga su nan cike da gari. Abin da na sani akwai bankunan da ba su mu'amala da ruwa, Jaiz tun 2012, TAJ tun 2019, suna bi ta murabaha inda banki ke sayen abu ya sayar maka da ribar da kunka yanke tun farko, ko ijara wato tsarin haya, ko haɗin gwiwar da kake sayen kason banki kaɗan-kaɗan har gidan ya zama naka. Sati mai zuwa in sha Allah can zan leƙa, kuma tambayoyin nan dai zan tahi da su: nawa ne jimla, shekara nawa, mi ke faruwa in albashi ya makara wata biyu.

Don adalci kuma, in lissafi kawai ake bi, kashi 6 da ba ya motsi a ƙasar da tsadar kaya ta haura kashi 30 a 2024 ba abin rainawa ba ne. Buhun siminti da munka sani wajen 2,500 a 2019 ya zo ya taɓa dubu 10, alhali ga kamfanin nan Kalambaina muna ganin tireloli na fita da shi. Dubu 71 ta yau ba ita ce dubu 71 ta shekara goma masu zuwa ba, haya kuwa duk shekara sai ta hau. Uwargida ce ma ta kawo wanga hujja, da dare ba wuta tana haska shafukan da fitilar waya, ta ce Malam ai mai gidan haya ma ba jadawali yake ba ka ba, aike kawai yake yi. Sai kuma ta kai layi na 240 ta ƙirga da yatsu ta ce lokacin autanmu na da shekara 23, ta ninke takardar ta yi shiru.

Sharaɗin bankin mogej ɗin na cewa biyan wata kada ya wuce kashi ɗaya cikin uku na albashi, wato wajen dubu 215 ake nema ga wanga bashi, na tsallake shi da ƙyar, in an cire sauran abin da ake cirewa abin da zai rage sai addu'a.

To tauraro uku cikin biyar. Tarba da tsabtar wuri biyar, dattijon nan shi kaɗai biyar, tebur na farko biyu, ɓoye kuɗɗin gefe da rashin ɗaukar waya ɗaya. In za ka je, ka wuce kai tsaye ka ce a buga maka jadawali da jerin caji kafin ka biya ko kuɗɗin fom, kuma ka tahi da takardun gidan a hannu su duba. Ni dai fayil ɗina na nan wurinsu ban sa hannu ba, dillali ya ce mai gidan ya tahi Abuja shi zai zo da C of O ɗin, yau sati uku ke nan.