Baƙon da ya zauna da baren da ke wucewa a dokar Bani Isra'ila

Attaura ba ta zuba baƙi a kwarya ɗaya ba. Akwai wanda Ibrananci ke kira "ger", mutumin da ya baro ƙasarsa ya zauna cikin Bani Isra'ila, akwai kuma "nokri", bare wanda gindinsa ke can gida, kamar farke da ya sauke kaya zai wuce.

Ger ba shi da gonar gado, shi ya sa doka ta jera shi da maraya da gwauruwa. In an girbe alkama, kalar gona da damin da aka manta nasu ne. Yana cin ushirin da ake fitarwa duk shekara 3, yana hutun Asabar, in ya yi kisa bisa kuskure ya ruga ɗaya daga cikin biranen mafaka 6. In ya yi kaciya ma, da shi ake cin Idin Ƙetarewa, idin tunawa da fitowar Bani Isra'ila daga Masar.

Nokri kuwa huldar kasuwa ce tsakaninsa da Bani Isra'ila. An halatta a ba shi bashi da ruwa, abin da aka haramta tsakanin 'yan'uwa, kuma yafewar bashi ta kowace shekara 7 ba ta shafe shi ba. Sarautar Bani Isra'ila kuwa, ko a mafarki ba zai samu ba.

A ganina batun mushe ya fi fito da bambancin. Dabba ta mutu da kanta, Ba'isra'ile ba zai ci ba: ger a ba shi kyauta, nokri kuwa sai ya ciro kuɗi ya saya.