Hattara da masu “awon rufi kyauta” a Gombe

Jama'a, duk wanda gininsa ya wuce linta yana haramar rufi kafin saukar damina, ya tsaya ya ji abin da ya sami Yayana a Tumfure. Akwai wani mutum da ke talla a Facebook da WhatsApp, wai yana sayar da kwanon zamani ɗin nan mai ɓarɓashin dutse a bayansa, samfurin shingil, kuma zai zo ya auna maka rufi kyauta. To a wajen awon nan yake yanka mutane.

Kafinta ne ya kawo shi. Ya zo da farar mota da samfuri kala uku a but, baki kamar zuma: “Alhaji, ai kai namu ne, awo ba ko sisi.” Ya zagaya ginin sau ɗaya, kafinta na riƙe masa bakin tef, ya latsa waya, ya ce murabba'in mita 380. Yaya bai musa ba, don a ganinsa lissafin rufi sai masu sana'ar. Ya tura kuɗi cif, aka ba shi rasit mai ɗauke da mita, ba a rubuta yawan falle ba.

Ranar da aka sauke kaya, Allah Ya kawo ƙanen matata wanda ya karanci harkar gini. Ganin tarin kwanon a tsakar gida ya ce, “Yaya, mita nawa kuka biya?” Da aka faɗa masa sai ya yi shiru, ya nemi tef da biro, ya zauna kan bulo.

Ga yadda ya yi, kuma wallahi ɗan sakandare zai iya. Tsawon gidan mita 15, faɗi 12. Bakin rufi yana leƙowa waje da santimita 60 ta kowane gefe, ya zama 16.2 sau 13.2, kusan murabba'in mita 214 ke nan. Amma rufi ba a kwance yake kamar tabarma ba, yana da gangara, kuma iya miƙewarsa sama iya kwanon da zai ci. Idan gangarar digiri 30 ce ana ninkawa da 1.155, idan 45 ce da 1.414. Na Yaya 30 ne, ya ba da 247. Sai a ƙara kashi 10 cikin ɗari saboda yanke-yanke a kusurwa, a tashi da 272. Ko da rufin mai lunguna da yawa ne aka ƙara kashi 15, bai kai 290 ba. Ina 380 ta fito?

Sai muka hau ƙirga. Fallen wannan kwano yawanci santimita 134 ne da 42, amma da yake wani yana hawa kan wani, abin da falle ɗaya ke rufewa bai cika rabin murabba'in mita ba, wajen 0.47 ne. Wato mita ɗaya tana cin falle biyu da ɗan ɗoriya. Wanda ya biya mita 380 ya kamata ya ga falle wajen 800 a gabansa. Mun ƙirga sau biyu, almajiran maƙwabta na taya mu ɗagawa: 610.

A nan wayon mai sayar da kwanon yake, kuma shi ya fi ba ni haushi. Bai kawo abin da zai gaza ba. Ya san ainihin awon sarai, ya kawo daidai abin da zai rufe gidan har a bar 'yan rara. Da an riga an buga, da Yaya ya tsaya a waje yana yaba kyan rufinsa yana sa wa mutumin albarka, alhali kuɗin mita kusan 90 sun tafi a iska. Wa zai hau sama ya ƙirga kwano bayan an kafe shi? Allah kaɗai Ya san gidaje nawa aka yi wa haka daga Tumfure zuwa Pantami.

Kaurin ma da sauran magana. An biya kuɗin kwano mai kaurin milimita 0.45, da aka sa na'urar auna kauri a gefen da babu dutse, bai kai 0.40 ba. Mu da muka san iskar farkon damina a garin nan, wadda ke yaye rufi ta jefar a gidan maƙwabci.

Kafintan da ya ji an ambaci 'yan sanda ya amsa cewa yana da kasonsa a kowace mita. An ba kura ajiyar nama ke nan.

Don Allah kada mai sayarwa ya zama shi ne mai awo, kuma kada kafintan da ya kawo shi ya zama shaida. Ku nemo wanda ba shi da ko kwabo a cinikin. A rubuta yawan falle da kauri a rasit, kwanon rufe ƙoƙuwa da ƙusa a lissafa su daban, a ƙirga kaya a ƙasa kafin cikon kuɗi ya fita.

Shi kuwa mutumin wayarsa a kashe take tun ranar, magana tana hannun hukuma. Shekaranjiya na ga hotunan nan nasa, farar motar da samfuran uku, a wani sabon shafi da sabon suna, an rubuta Bauchi a ƙasa.